Takunkumin Baba Mai Agogo

Assalamu alaikum, maigidana abin alfaharina,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan takardar nan za ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da abokan aikinka. Ya aikin gadar, ya zafin rana? Ƙafar nan da ka ce ta yi maka tsami, ta saki? Mu nan lafiya lau, sai kewarka. Direban motar kayanku ya ce jibi zai koma, shi ya sa na zauna rubutu. Ni dai ban cika jin haushin rashin sabis a wajenku ba, don tun ina makaranta nake burin in rubuta wa wani wasiƙa irin ta cikin littattafaina. Ga shi Allah ya cika min, sai dai su a tasu wasiƙar ba a zancen tari.

Ciwon numfashin nan da ke yawo ya iso layinmu, har an kwantar da mai askin da ke kusa da shagon Baba. Ranar Asabar Yaya ta biyo bayan ta tashi daga aiki a asibiti, ta tarar da mutum huɗu sun sunkuya a kan teburin Baba, kowa na nuna masa agogonsa, numfashi na haɗuwa da numfashi. Ka san yayarka. Ta tuna masa asmarsa da kwana taran da ya yi a gadon asibiti bara, ta miƙa masa takunkumin fuska. Ya ce shi ba jaki ba ne. Sai ta ce ta ba shi mako biyu. In ta dawo ba ta gan shi da takunkumi ba, za ta sa wa shagon kwaɗo ta tafi da makullin har sai ciwon ya wuce.

Ranar Baba ko rabin abincinsa bai ci ba. Shekara arba'in da ɗaya yana buɗe ƙofar nan, kuma kai ka gaya min tun rasuwar Inna shagon ne ke tashinsa da safe. Ranar da za ka tafi ka ce min ga amanar Baba nan. To ni ba na son a rufe shagon, ba na kuma son ciwon ya same shi.

Da na lallaɓa na tambaye shi, ya ce na sayarwa warin magani suke yi, robarsu kuma tana yanka masa bayan kunne. Na ce in haka ne ni zan ɗinka masa. Na roƙe shi keken ɗinkin Inna. Ya tashi ya yaye zanen da aka lulluɓe shi da shi, ya ɗiga masa man da yake sa wa agogo. Da na taka sai ka ce jiya aka ajiye shi.

Yanzu ga abin dariya. A littafin da nake karantawa akwai wata budurwa da ta rufe fuskarta da leshi, idanunta kaɗai ake gani, har wani matashin likita ya manta inda ya ajiye motarsa. Na ce ai in abu ya yi kyau Baba ba zai ƙi shi ba. Na ɗauko ragowar shuɗin leshina na ɗinka guda biyu, har da ɗan zanen agogo a gefe da farin zare. Wallahi sun yi kyau, na daɗe gaban madubi.

Ranar Talata Yaya ta kawo maganin Baba, na nuna mata ina jiran yabo. Ta ce in kawo kyandir da ashana. Ta kunna, ta ce in saka takunkumin in hura. Huri ɗaya wutar ta mutu. Yaya ta yi dariya har sai da ta zauna a kan buhun shinkafa. Ta ce ramukan leshin nan ƙuda ma zai wuce da kayansa a ka. Bayan ta share hawaye ta koya min yadda ake yi: yadin auduga mai saƙa a matse, wanda in ka ɗaga shi ga rana haske ba ya ratsowa sosai, a ninka shi uku, kullum a wanke da ruwan zafi da sabulu a goge.

Saboda haka ka yafe min, farar rigarka mai yagaggen aljihu ta tafi aikin lada.

Ka kula min da kanka, kai ma ka riƙa rufe baki da hanci in kun taru wajen cin abinci. Baba yana sa maka albarka.

Taka har kullum,
Mai Littafi


Assalamu alaikum, sanyin idona,

Ina gaishe ka gaisuwar mai kewa, da fatan kana lafiya, aiki kuma yana sauƙi. Amsarka ta iso, na karanta ta sau bakwai, duk da layi shida ce kacal kuma biyu a ciki maganar rigarka ne. Ba komai, a littattafaina ma mazajen kirki ba su da yawan magana.

Saura kwana uku Yaya ta dawo, kuma makon nan na sha wuya kafin na sha daɗi. Bari in fara da wuyar.

Na yanka rigar, na ninka uku, sai na tuna ban san girman fuskar Baba ba. Tef ɗin awo yana wuyana, Baba yana zaune a tsakar gida, amma na kasa. Ta yaya zan tsaya a kan surukina ina ja masa tef daga hanci zuwa haɓa? Sai na ce ai ɗa da uba kama suke yi. Na rufe ido na tuno fuskarka, wadda na haddace fiye da karatun jarrabawa, na yanka a kanta. Na yi masa igiyoyin ɗaurawa a ƙeya maimakon roba saboda kunnensa. Na hura kyandir da shi har kaina ya sara, wutar ko rawa ba ta yi ba.

Abin da na manta shi ne gemu. Da Baba ya gwada, takunkumin ya hau kan gemun ya zauna kamar tsuntsu a kan sheƙa. Ya dubi madubi, ya cire, ya ce sannu da ƙoƙari 'yata. Na ɗinka wani babba, shi ma ya karɓa ya sa albarka ya jefa a aljihu. Kwana biyu ina leƙa shagon, fuskarsa a buɗe. Ranar na koma ɗaki na yi kuka, ko littafi na kasa buɗewa. A raina har na fara cewa taurin kai ne irin naku.

Shekaranjiya na kai masa abincin rana da wuri. Ba kowa a shagon, sai ƙarar agogunan bango. Na hango Baba durƙushe a ƙasa, takunkumina a fuskarsa, yana laluben siminti da tafin hannu. Gilashinsa ya yi fari fat da tururi. Ashe in ba mutane yakan saka ya gwada aiki, numfashinsa ya riƙa fita ta gefen hanci yana rufe masa gilashi. Wata 'yar ƙusa da ba ta kai ƙwayar gero ba ce ta kuɓuce masa. Na ajiye kwanon na durƙusa muka nema tare, na samo ta a gindin kujera.

Ya koma mazauninsa, ya goge gilashin da bakin riga, ya ce: "'Yata, in na saka ba na gani, in na cire a rufe min shago. Ko ta ina dai an rufe."

Maigida, sai na ji kunyar zargin da na yi masa. Na ce ya sake sakawa in gani. Na matso, na manta da wata kunya, na ga ƙyallen bai kwanta a karan hancinsa ba, akwai 'yar kafa dama da hagu. Na nuna masa. Ka san Baba da abin da ya lalace, nan take idonsa ya canza. Ya ce ashe ba laifin hancinsa ba ne, ƙira ce ba ta zauna ba. Ya jawo durowa ya ɗauko wata siririyar wayar jan ƙarfe, ya yanka tsawon ɗan yatsa, ya lanƙwasa bakunanta da filaya don kada ta soki mutum, ya ɗora a hancinsa ya matsa ta ɗauki siffarsa. Ya ce in ɗinka mata gida a bakin ƙyallen na sama, in bar ƙofa a gefe yadda za a zare ta in za a yi wanki.

Sannan ya karɓi tef ɗin daga wuyana ya auna fuskarsa da kansa, har da gemun, ya rubuta min a bayan tsohuwar kalanda dalla-dalla kamar zai ƙera agogo. Ya ce mai aiki da ido a rufe ba ya cikin masu sana'a. Ban san yadda aka yi ya gane ba, ni dai na sunkuyar da kai.

Jiya na ɗinka. Sau biyu yana mayar min da shi, wai ɗinkin ya karkace da kaurin gashi. Yau da safe ya saka na uku, ya hura numfashi da ƙarfi, gilashin nan tar. Ya ɗauki makullinsa ya fita da shi a fuska. Yanzu fargabata ɗaya, kada ya gaji ya cire kafin Asabar. Ka taya mu da addu'a.

Matarka mai ƙidayar kwanakin dawowarka,
Mai Littafi


Assalamu alaikum, masoyina,

Gaisuwa da fatan alheri, ina fatan kana lafiya kamar yadda muke. Wannan gajera ce, direba yana ƙofar gida yana danna min oda.

Albishirinka. Ba a rufe ba.

Ranar Asabar na tafi shagon da sassafe, wai na je share-share, alhali zuwan Yaya nake jira. Wajen ƙarfe goma sai ga Yaya, ina jin kwaɗon yana ƙara a cikin jakarta. Ta tsaya a bakin ƙofa. Baba yana sunkuye a kan wani agogon hannu, takunkumi zaune daram, bai ko ɗago ba. Ya ja layi da alli a ƙasa, taku biyu daga teburinsa, ya ajiye faranti a kan kujera inda masu gyara za su riƙa sa agogonsu. Da Yaya ta tako za ta tsallake layin, ya ce malama a koma baya, dokar asibiti ce.

Yaya ba ta yarda da gani kawai ba. Ta kunna ashana ta miƙo hannu ta ce ya hura. Baba ya hura, ya sake hurawa, ashanar na ci har ta kusa ƙona mata yatsa. Ta tambaye shi ko yana samun numfashi sosai, ya ce tun Laraba yake yini da shi bai nemi abin shaƙarsa ba ko sau ɗaya. Ta juya ta kalle ni, na ga idonta ya kawo ruwa. Sai ta wayance da faɗa, wai don me ba a yi masa guda uku ba saboda wanki. Na ce huɗu na yi. Daga nan ta yi ƙasa da murya ta ce ita ma nata gilashin tururi yake yi mata a hanya, ko za a samu guda biyu. Baba ya ce ta bi layi, akwai mutum tara a gabanta.

Gaskiya ya faɗa. Matar mai aski, da mai shayi, da malaman makarantar bayanmu duk sun ce suna so. Yanzu da la'asar Baba yana lanƙwasa waya ni ina taka keke, yana duba kowane ɗinki ta cikin gilashinsa kamar mai neman laifi. Jiya na ji yana gaya wa wani cewa shi da 'yarsa suka ƙirƙiro shi. Mai askin ma an sallamo shi, Alhamdulillahi.

Ga guda shida nan a cikin ambulan, biyu naka, sauran ka raba wa abokan ɗakinka. Ka matsa wayar a hanci, ka zare ta kafin wanki.

Na tambayi Baba ko yana da saƙo. Ya ce in gaya maka ka yi aikinka da kwanciyar hankali, shago a buɗe yake. Ya faɗa yana tsaye da makulli a hannu, don yau har ya makara da minti huɗu, kuma wai laifina ne.

Taka, cikin farin ciki,
Mai Littafi