Tukunyarki ta sake hawa wuta

Zuwa gare ki Hajara,

Assalamu alaiki. Na san babu ɗan aiken da zai kai miki wannan takarda, idonki kuma ba zai taɓa sauka a kanta ba. To sai me? Da kina raye ma ba duk surutuna kike saurara ba. Labari ne ya cika min baki, kuma ke kika fi cancanta ki ji shi.

Hajara, na yi girki! Ni ɗin nan da muka shekara talatin da huɗu tare ban san inda kike ajiye gishiri ba.

Ga yadda aka yi. Tun da kika rasu bara, daga burodi sai shayi. Na rame har likitana ya ɗaure min fuska. 'Yarki Fa'iza ta zo daga Birmingham, ta buɗe firij, ta ga madara da rabin albasa, ta fashe da kuka. Nan take ta yanke hukunci: in Oktoba ta ƙare ban iya ciyar da kaina ba, za ta kwashe ni zuwa wajenta a Handsworth, a sa gidan nan haya. Halinki ta ɗauko tsaf, ba a ja da ita. Amma in bar unguwarmu ta Old Trafford? In bar ɗakin da har yanzu mayafinki ke rataye a bayan ƙofa? Haba!

Sai na ajiye girman kai na ƙwanƙwasa wa Marek, maƙwabcinmu ɗan Poland, wanda kike cewa warin kabejinsa zai kori ɓera. Shi da matarsa Suyon, 'yar Koriya, suka karɓe ni hannu bibbiyu, suka ce za su koya min girki. Ashe sun daɗe suna rigima a kan kabeji. Na ƙasarsu Marek tsami ne zalla, nata kuwa tsami da barkono da tafarnuwa, kimci take ce masa. Da suka gaji da musu sai suka riƙa zuba duka biyun a tukunya ɗaya da nama, duk lokacin da ganye ya fara zuba sanyi ya kawo kai. Kwantar da hankalinki, na ce musu ban da alade. Naman sa na sayo da kyafaffen talotalo.

Na sauko da babbar tukunyarki mai hannu ɗaya da ke girgiɗi. Albasar farko ta ƙone ƙurmus, Marek na fifita hayaƙi da tawul yana tari. Kin san halina na injiniya, na zo da sikeli da agogo, Suyon ta ƙwace su ta ce da harshe ake awo. Da miyar ta yi kauri na ɗanɗana, tsami ya buge ni har kunne, amma na ji akwai abin da babu. Nan zan amsa laifina na farko. Na buɗe firiza na ɗauko daddawarki, ƙullin ƙarshe, wanda kika ɗaure da hannunki. Shekara guda ina kallonsa na kasa taɓawa. Na marmasa rabi na zuba. Wallahi kicin ɗin nan ya koma kamar kina ciki. Na tsaya riƙe da ludayi ina dariya, idona na ruwa.

Marek ya hana ni ci a ranar. Wai sai ta kwana biyu ana ɗumama ta kafin daɗinta ya fito. Ashe su ma sun san darajar ɗumame!

Ran Asabar Fa'iza ta iso fuska a murtuke kamar ma'aikatan hukuma masu bincike. Na zuba mata a kan farar shinkafa, na zauna ina kallon bakinta. Ta kai cokali ɗaya, ta kai na biyu, ta ɗago ta ce wai ba laifi. Ba laifi! Kwana uku ina fama, yatsuna biyu da ƙuna, a ce min ba laifi? Na buɗe baki zan yi faɗa, sai na ga tana min wani irin murmushi. Maganata ce ta mayar min. Ita nake faɗa miki kullum, ko da kin wuni a tsaye kina tuƙa tuwo. Yaya aka yi kika jure, Hajara? Me ya hana ki kife min kwanon a ka?

Sau biyu ta yi ƙari, ta cika roba ta tafi wa jikokinki da ita. Ba ta sake tayar da zancen Handsworth ba. Ina nan a gidanmu, ina murna kamar yaron da ya ci jarrabawa. Suyon ta roƙi ragowar daddawar, na ce ta yi haƙuri, wannan ba ta kyauta ba ce.

Saura laifi na biyu, wanda na makara da amsa shi. Girkinki ya yi daɗi, Hajara. Babu ranar da bai yi ba, bakina ne ya yi nauyi.

Allah ya jiƙanki, ya haskaka kabarinki. Sai na zo. In Allah ya sake haɗa mu, ki zauna abinki, ni zan zuba miki.

Mijinki, sabon kuku,
Sani