Ranar da Na Faɗi Sunanki a Wuse

Zuwa gare ki, 'yar fari,

Sallama irin wadda ake yi wa mutanen kabari, tare da roƙon Allah Ya yalwata miki makwanci. Na san ba za ki karanta wannan ba. Ko kina raye ma da ƙyar za ki iya, tunda da ajami nake rubutawa, ke kuwa kullum cewa kike rubutuna kamar tonon kaza. Amma tun da na dawo daga Wuse jiya na kasa zama wuri ɗaya. In zauna a tabarma, in tashi, in leƙa waje, in dawo. Shi ya sa na ɗauko takarda.

Mutanenmu na sansanin gudun hijira na Kuchigoro suna nan yadda kika bar su. Ruwan bana ya rushe bangon makewayin layinmu, mun tayar da shi da buhunan ƙasa. Goggo Falmata ta bi ki bayan ƙaramar salla. Lawal mijinki bai daina zuwa ba, Allah Ya saka masa. Har yanzu yana so in koma wajensa a Bwari, har yanzu ina cewa a'a. In na tafi, wa zai gaya wa yaran da aka haifa a nan cewa suna da gari, kuma garin yana da rijiyoyi masu suna?

Maganar kwamfutarki ce ta hana ni sukuni.

Kin tuna yadda kike zuwa duk Asabar da ita a jaka, ki cire takalman ofis, ki zauna a bakin tabarmata ki ce in fara? Ni in yi ta jero gidajen garinmu tun daga bakin kasuwa har gindin tsamiya, wane ya haifi wane, gonar wa ta yi iyaka da ta wa, ke kina ɗaukar muryata. Kin ɗauki ta Goggo Falmata, da ta tsofaffin da suka gudo tare da mu. Kika ce duk kin ajiye su a intanet, inda wuta ba za ta ci su ba kamar yadda ta ci garin. Da ciwo ya tsananta kika bar mini kwamfutar. Kika yi mini alama ɗaya a fuskarta, kika ce in danna ta kawai, komai zai buɗe. Haka kuwa ake yi. Nakan kai ta caji shagon mai sola, bayan la'asar mutane su taru, in danna, mu ji matattunmu suna magana. Ni kuma, ban taɓa gaya wa kowa ba, tsakanin maganganun nake saurare, inda kike cewa, “To Baba, sai me ya faru?”

Shekaranjiya na kunna ta, sai wani dogon rubutun boko ya tare fuskar, da maɓallai biyu a ƙasa, fari da shuɗi. Ba ke kika ce mini shuɗi shi ne a ci gaba ba? Na danna shuɗi. Da na koma kan alamarki, sai wata baƙuwar fuska ta buɗe, ba hotonki a kusurwa, ba muryoyi, sai akwati biyu suna jiran a rubuta musu wani abu. Na kashe na kunna. Na cire waya na mayar. Na bar ta ta huce, ko zafi ne. Mutane suka zo bayan la'asar, na ce musu ba caji. Ni da ban iya ƙarya ba.

Na kira Lawal, yana Legas wajen aiki. Ya ce kalmar sirrinki ake nema, shi kuma bai san ta ba, kuma layin wayarki da za a iya sabunta ta da shi an riga an rufe. Ya ce kada in taɓa komai sai ya dawo. Na ji muryarsa ta canja, na san shi ma ya tsorata. Ke kin san ni da jira. Yaushe na taɓa jiran wani? Kwana na yi ina juyi, gari na wayewa na naɗe ta a cikin sallaya na hau mota zuwa Wuse.

Na sha yawo a saman benen masu gyara. Na farko ko kunna ta bai yi ba ya ce a goge komai a sa sabo, za ta yi gudu. Na ce ba tsere na zo da ita ba, na karɓe abata. Na biyu ya ce in bar ta in dawo jibi. Na ce inda ta kwana nan zan kwana. Suka yi ta dariya, wani ya ce Baba ya zo da amaryarsa asibiti. Sai wani mai furfura a can lungu, Sande sunansa, ya yafito ni ya ba ni kujera. Hausarsa irin ta Abuja ce, mace namiji duk ɗaya ne a bakinsa, amma yana da haƙurin sauraro.

Shi ya fahimtar da ni. Ya ce abin da ake shiga intanet da shi burauza ake ce masa, kuma kwamfutar tana da guda biyu, kamar gida mai ƙofa biyu. Ke ta tsohuwar ƙofa kike shiga, ta san ki, ba ta tambayarki komai. Shuɗin da na danna, izini na ba sabuwar ta zama ita ke buɗewa duk lokacin da aka taɓa alama, ita kuwa ba ta san ki ba. Ya ce da na yarda an goge, da shi ke nan. Sai da na riƙe kujerar. Ya shiga wajen saiti, yana nuna mini da yatsa, ya zaɓi tsohuwar ya mayar mata da matsayinta. Wai abin da ya hana ni barci ke nan, aikin da bai kai shan kofin shayi ba.

Amma da tsohuwar ta buɗe, sai ta jero sunaye, kowanne da ɗan da'irarsa. Ashe a ofis kin bar abokan aikinki suna shiga da ita. Sande ya ce ba zai yi ta buɗe na mutane yana leƙe ba. Ya dube ni ya ce, “Baba, wane ne suna nashi?”

Na ce 'yata ce. Ya ce ya gane, sunan yake so. Na ce ta farin ce, mai aiki a ma'aikata. Ya ce Baba, duk masu aiki a ma'aikata ne. Na ce ya karanto su in ɗaga kai. Ya gwada, wasu an gajarce su, wasu haruffa ne kawai, bakinsa kuma ya kasa da su. Mutane suka fara taruwa a kanmu.

Me zan ce masa? In ce a garinmu uba ba ya kiran sunan ɗan fari? In ce ke kuma sunan mahaifiyata aka sa miki, kunyar ta zama biyu? Tun ranar da aka raɗa miki shi ban furta shi ba. “Ke” nake ce miki, ko “waccan”. Ranar da kika gama jami'a ban faɗa ba. Ranar da muka kai ki makwancinki ma, da liman ya tambaya, ƙanena ne ya amsa. Ni da na haddace sunayen gari guda, har da na jakunan wasu.

Na faɗa. A tsakiyar kasuwar Wuse, cikin ƙarar janareto, gaban mutanen da ba su san ki ba. Bai ji ba, sai da na sake da ƙarfi. Ya danna, hotonki ya fito a kusurwa, da ɗankwalin nan mai ruwan toka. Ya taɓa ɗaya daga cikin muryoyin don gwaji, sai ga ki kina dariya.

Kin san wacce ya taɓa? Ta shekarar da aka haƙa rijiyar masallaci. Ina lissafa haihuwar da aka yi a shekarar gida-gida, da suna da sunan uba, da na iso namu na ce an samu wata yarinya, na wuce. Kika ce, “Baba, yarinyar ba ta da suna?” Na ji kaina ina cewa ki bar shiririta mu ci gaba. Kika yi dariya kika bar ni. Dariyar gaske ce, ko rufe mini kika yi? Wannan tambayar ce ke tayar da ni daga tabarma.

Ban ce al'adarmu ba ta da kyau ba, haka ubana ya yi mini, kuma na san yana sona. Amma shi bai binne ni ba.

Sande ya ce ko tsohuwar ƙofar wata rana za ta iya mantawa da ke ta nemi kalmar sirri, don haka ya sauko da muryoyin duka cikin kwamfutar, ya kuma zuba mini su a filashi, wani ɗan abin ajiya da bai wuce yatsa ba. Na kai wa baduku ya ɗinke shi a fata kamar laya, yana wuyana yanzu. Ya kuma ce in rubutun nan ya sake fitowa in danna fari. Kin ga ke ma ba komai kika sani ba.

Saura gyara ɗaya, wanda ba na Sande ba ne. A shekarar da aka haƙa rijiyar masallaci, da damina, ana tsakiyar noman farko, aka haifi yarinya a gidan Malam Bukar na gindin tsamiya. Ubanta yana gona aka kai masa labari, ya ci gaba da noma kamar bai ji ba, sai da mai albishir ya ɓace ya yar da fartanya ya yi sujada a kan kunyar gona. Sunanta Hauwa'u.

Allah Ya jiƙan ki, Ya haɗa mu inda ba a jin nauyin kiran kowa. Ki huta.

Ni ne,
Baban Hauwa'u