Magatakardan da Ke Rubutu da Ruwa

Kudenda, Kaduna

Zuwa ga Baba,

Gaisuwa mai yawa cikin sunan Ubangiji. Yaya ƙafar taku, kuna dai shan maganin ko? Yaya Mama da aikin gona? Ni lafiyata lau, hankalina ne ba a kwance ba.

Baba, mutane da yawa sun ɗauka duk labarin da aka ƙaga, in akwai abin mamaki a cikinsa, to ko ƙarya ne ko tsafi. Ni kuwa da irinsa nake jawo 'yan ajina su so rubutu. A zangon nan na ƙaga musu Zankaro, magatakardan Birnin Tulu, garin da taurari ke saukowa su sha ruwa a rijiyarsa. Zankaro bai taɓa taɓa tawada ba. Da ruwan rijiyar yake rubuta sunayen mutane da ayyukansu a kan falalen dutse, rana tsaka. Dole kowa ya ajiye abin da yake yi, ya zo ya karanta kafin ya bushe. Sarauniyar garin ta matsa masa ya koma takarda, ya ƙi, wai abin da aka ajiye a takarda zuciya takan sake shi. Da ya mutu ba a sami ko layi ɗaya nasa ba, amma babu yaro a garin da bai iya jero sunayen kakanninsa ba.

Yaran sun so shi ƙwarai. Ran Juma'a muka ɗebo ruwa a bokiti, kowa ya rubuta sunan wanda yake ƙauna a simintin baranda. Hope, yarinyar da ta fi kowa kyan hannu a ajin, ta rubuta sunan babanta, Stephen. Ba a rufa mako ba ya yanke jiki ya faɗi a masana'antar da yake aiki, aka kwantar da shi a asibiti.

Wata maƙwabciya ta gaya wa matarsa Jummai cewa a makarantarmu aka sa rana ta shanye sunan mijinta. Jummai ta zo har ƙofar aji tana kuka, tana tambayata me Stephen ya yi mini. Duk a kunnen Hope. Tun ranar yarinyar ba ta sake taɓa biro ba. Zama take yi ta danne hannuwanta a ƙarƙashin cinya. Jarrabawar shiga sakandare kuma ta ƙarato. Na lallashe ta, na yi mata bayani, kallona kawai take yi.

Ku sa mu a addu'a.

'Yarku,
Naomi

Kudenda, Kaduna

Baba,

Ina gaishe ku da Mama. Na ji saƙonku ta bakin Nelson direba, na kuma bi shawararku, na bar yarinyar na je wurin mai sunan.

Na shiga ɗakin asibitin. Jummai ta juya mini baya. Stephen ya rame, amma da na ba shi labarin sai ya yi ta dariya har tari ya sarƙe shi. Ya ce ciwon cikin nan ya girmi Hope, in ma Zankaro ne ya jawo shi, to ya zo ya biya shi kokon da ya hana shi sha. Ya sa aka kawo yarinyar. Ta tsaya a bakin ƙofa ta ƙi matsowa.

Sai ya tsoma yatsa a kofin ruwansa, ya rubuta sunansa a kan teburin ƙarfen da ke gefen gado, da wani irin rubutu kamar kaza ta yi tono. Muka zuba ido har ya bushe. Ya shafa ƙirjinsa, ya ce ga shi nan, bai je ko'ina ba. Ya sake rubutawa, da gangan ya bar harafi ɗaya. Hope ta kasa daurewa. Ta matso, ta tsoma yatsanta, ta gyara masa. Jummai ta turo mini kujera da ƙafa.

Jiya Hope ta yi aikin aji da biro. Ban saki jiki ba tukuna, Baba, domin mako mai zuwa za a yi wa Stephen aiki, kuma ina tsoron abin da za ta sake ɗora wa kanta in abin bai zo da sauƙi ba. Shi da kansa ya ce ta riƙa rubuta sunansa kowace safiya a ƙofar gida har ya dawo, ta yarda.

Ku ma ku gwada. Ku tara jikokinku a tsakar gida da ƙwaryar ruwa, ku rubuta musu sunan kakanku, ku ga wanda zai riƙe shi bayan ƙasa ta bushe.

Taku har kullum,
Naomi