Yadda Na Raba Kamila da Ƙaninta

Kabo, ranar Laraba.

Aminiyata Hanna,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kina lafiya, ke da Baban Promise da yara. Yaya sanyin Jos? Tun da aka yi miki canjin makaranta na rasa wadda zan amayar wa cikina, sai ki yi haƙuri da ni.

Kin tuna yayana Badaruddeen, telan da ke zaune a Sudan? Bam ya faɗa unguwarsu a Omdurman, ya tafi da shi da matarsa. Aka kawo min 'ya'yansu biyu, Kamila mai shekara tara da Lukuman mai huɗu. Ko banɗaki ba ta shiga sai da shi. In jirgi ya gifta zai sauka Kano, sai ta kifa shi ƙasa ta kwanta a kansa.

Dangi suka zauna a Unguwar Tudu, aka kasa marayu kamar naman layya. Baffa Salisu, ƙanin babanmu, wanda ko ta'aziyya sai da aka tuna masa, ya ce namijin nasa ne. Ai mai riƙon yaro shi ke noma gonar uban. Macen kuwa ba wanda ya taya, aka bar min.

Sau biyu Baffa yana zuwa da babur don ɗaukar yaron, yarinyar tana gantsara masa cizo. A na uku ya ce ni mace ce, in san dabara.

Na kuwa san ta, Hanna. Na ja Kamila gefe na ce jirgin yaƙi zai zo Kabo yau, babur kuma yaro ɗaya zai ɗauka. Ko hawaye ba ta yi ba. Ita ta sa wa Lukuman takalmi, ta ɓamɓare yatsunsa daga zanenta, ta ɗora shi, ta roƙi Baffa ya yi sauri.

Ta wuni a tsakar gida tana kallon sama. Da la'asar ta durƙusa ta yi min godiya, wai na tserar da ƙaninta. Ban taɓa tsanar kaina irin ranar ba.

Yau kwana shida. Baffa ya hana a kai ta sai yaron ya manta da ita. Kullum da safe tana tambayata ko yau jirgin zai zo, ni kuma ina cewa gobe, don ranar da na ce babu za ta ce a dawo mata da shi.

Ki sa ni a addu'a, ni kunyar ɗaga hannu nake ji.

Taki har kullum,
Adawiyya