Muryar Baba Bushiya

Stockholm, farkon Oktoba, 1998

Zuwa ga Majken, Uwargida,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kina cikin ƙoshin lafiya, ke da tsibirinki da magenki, in har tana nan da rai. Na san za ki yi mamakin ganin rubutuna. Ni ma sai da na yayyaga takardu kafin wannan ta yarda ta zauna.

Dalilin wasiƙar shi ne, kamfani ya sayo kashi na ƙarshe na fim ɗin zanen nan na bushiyoyi da muke ɗora wa murya da harshenmu. Masu zana shi a can ƙasarsu sun ce daga wannan sun rufe. Birgit, mai ɗaukar muryarmu, ta gaya mini ta buga miki waya, kin ce kin yi ritaya, a nemi wata. Sun kuwa nemo. Yarinya ce mai hankali, an kawo ta gwaji, ta yi iya yinta. Amma da ta buɗe baki ta ce, "Maigida, sauko daga kan kabewar nan," sai na ji kamar jikata ce take aikena. Shekara ashirin da ɗoriya yaran ƙasar nan muryarki suka sani a bakin Inna Bushiya. Da tsohuwar zuma ake magani, Majken. Ina roƙonki ki zo mu rufe abin tare.

Ni dai ina nan yadda kika san ni. Masu fim sun daina nemana, ban kuma yi fushi ba. Me na taɓa zama a wurinsu? Ɗan sandan da ke buɗe ƙofa ya ce, "Yallaɓai, an tsinci gawa," ko likitan da ke cire tabarau kafin ya faɗi mugun labari. Fuskar tawa ba wanda ya riƙe. Jiya ina kan layi a kanti, na ce wa mai karɓar kuɗi ta ba ni leda, sai wani ƙato mai gemu a gabana ya juyo ya ce, "Baba Bushiya!" Nan take kunya ta kama shi, ya yi ta ba ni haƙuri, ya ajiye kwandonsa ya fice bai sayi komai ba.

Mura ta ɗan kama ni, muryar ta dushe kaɗan, shi ya sa na rubuto maimakon in buga waya. Ba wani abu ba ne.

Ki huta lafiya.

Naki cikin girmamawa,
Sixten

*

Ulvön, tsakiyar Oktoba

Maigida,

Gaisuwarka ta iso, na amsa. Mage ta mutu tun bara, ka ga amfanin yawan zumunci.

Ba zan zo ba, kuma bari in gaya maka dalili ko da ba ka tambaya ba. "Mu rufe abin tare," in ji ka. Yaushe muka taɓa yin sa tare? Ka fi ni sanin yadda aikin yake, kowa shi kaɗai yake shiga ɗakin nan mai kama da akwati, a ɗauki nasa, daga baya Birgit ta ɗinke. Ni ce kullum ta farko. In tsaya gaban makirufo, ga bushiya a allo tana motsa baki, in ce, "Maigida, ka ci abinci?" in yi shiru in bar maka gurbi, sannan in ƙyalƙyale da dariyar abin da ba ka riga ka faɗa ba. Shekara ashirin ina hira da bango. Yara suna zaton ba a taɓa miji da mata masu son juna kamar mu ba, alhali ko a matakalar situdiyo ba mu cika gamuwa ba.

Kada ka ce tsarin kamfani ne. Tun makon farko na ji da kunnena kana ce wa mai raba ranaku, "A sa Majken tukuna, ni in zo washegari." Na ce a raina mutumin nan tun da muka rabu a Göteborg ba ya son ya shaƙi iskar ɗaki ɗaya da ni, to, ba zan takura shi ba. Ka tuna rabuwar ma? Mun sauko daga dandamalin wasan kwaikwayo muna masoya, masu fim suka kira ka Stockholm. A tasha ka tsaya kana jiran in ce kada ka tafi, ni ina jiran ka ce in biyo ka, har jirgin ƙasa ya gaji da mu.

Wannan ya wuce. Ina nan lafiya, ina da dankalina da itacena, da maƙwabta da suka san ba a zuwar mini sai na kira.

Amma kada ka raina mini hankali da zancen mura. Makon jiya na ji ka a rediyo kana karanta wa yara labarin safe. Kana yanke jimla a inda ba ka saba ba, kana haɗiyar miyau kamar wanda ƙayar kifi ta maƙale wa. Na san murarka, ni na yi jinyarta da ruwan zafi da zuma. Wannan ba ita ba ce. Mene ne?

Na so in aiko maka da gwangwanin ruɓaɓɓen kifinmu ya buɗe maka hanci, gidan waya sun ce ba da su ba.

Sai na ji daga gare ka.

Majken

*

Stockholm, ƙarshen Oktoba

Majken,

Ina gaishe ki, ina kuma yi miki ta'aziyyar mage, ko da ta zo a makare.

Kunnenki bai tsufa ba. Ciwon daji ne a maƙogwaro. Likitan matashi ne, ko tabaran da zai cire ba shi da shi. Ya ce in an yi aiki akwai kyakkyawan zaton zan rayu, amma za su cire inda murya take fitowa gaba ɗaya. Na ce, "Likita, da ita fa nake ci." Ya ce, "Na sani, da ita na girma." An sa ranar a farkon Disamba. Kafin nan ya hana ni waya da doguwar magana, ɗan abin da ya rage ina tattalinsa don bushiyoyi.

Yanzu zancen ranaku. Gaskiya ne, ni na roƙa a riƙa sa ni bayanki. Amma ke ba ki taɓa shiga ta biyu ba, ba ki san abin da ke can ba. Wanda ya zo daga baya, in ya sa abin ji a kunne, muryar na farko ce take zuwar masa, kusa ƙwarai, fiye da yadda mutum zai yarda ya tsaya kusa da mutum a ƙasar nan. Ina jin numfashin da kike ja kafin dogon layi. Ina jin ƙarar awarwaron da Birgit take miki faɗa a kai. Wani lokaci ta manta ba ta goge ba, in ji harshenki ya sarƙe kin ɗura wa marubucin ashar. A lokacin kina tare da mijinki Helge, Allah ya ji ƙansa, ba ni da hurumin in zauna kusa da ke. Wannan kaɗai na ga zan iya samu ba tare da na shiga haƙƙin kowa ba. Da ya rasu kuma, na ga ba ki taɓa ƙorafi kan tsarin ba, sai na ce kada in dame ki.

Na tambayi Birgit ko za a iya kafa makirufo biyu a ɗakin. Ta ce ba a yi, murya tana shiga cikin murya, gyara ya gagara. Can kuma ta ce, "Kai, a yi mana, wa zai kore ni da furfurata?"

Abin da nake so ke nan. In faɗi layi ki amsa ina kallonki, ko sau ɗaya ne, kafin likitoci su karɓe muryar. Ina kewarki, Majken. Tun daga tashar nan nake kewarki, sai dai na iya ɓoyewa, aikina ke nan. In tafiyar za ta wahalar da ke, ki bar ta, ba zan riƙe ki a rai ba.

Ki huta lafiya.

Naki,
Sixten

*

Ulvön, farkon Nuwamba

Tsohon banza,

Ba ka cancanci gaisuwa ba, amma ga ta nan, karɓi.

Na karanta wasiƙarka a tsaye, na sake karanta ta a zaune, sannan na fita na faskare itacen da zai kai ni bazara.

Wato kai kana can kana kurɓar muryata kamar kofi, ni ka bar ni da shiru. Bai taɓa zuwa maka a rai ba cewa ni ma ina da kunne? Ka san inda nake jin ka? Sai Asabar da safe, in kunna talabijin, ni da yaran ƙasa baki ɗaya, in zauna ina jiran in ji da me ka cike guraben da na bar maka. Helge ya leƙo ya ce, "Mace da girmanta tana kallon bushiya." In ce aiki nake dubawa. Ya gane sarai, bai taɓa cewa komai ba, shi ma ɗan ƙasar nan ne.

"Kada in dame ki." Maganar da ta cinye mu ke nan. Gara ɗayanmu ya daskare a bakin ƙofa da ya ƙwanƙwasa. Har a wannan wasiƙar sai da ka ƙara da "in tafiyar za ta wahalar da ke." Da kana kusa da na jefe ka da cokali. Ga shi sai ranar tafiya muke fafe gora.

Zan zo. Na ce wa Birgit ta sa mu a makon ƙarshe na Nuwamba. Kafin nan dole a jawo kwale-kwalen Helge kan tudu, a tsiyaye ruwan gidan kada sanyi ya fasa bututu, ka san ba a barin gida haka nan a bakin hunturu. Kai kuma ka kama bakinka, ka sha zuma, kada ka gaisa da kowa, ko mai gemun kanti ne. Muryar nan yanzu ajiyata ce.

Ina jin tsoro, Sixten. To, na faɗa.

Ka kula mini da kanka.

Majken

*

Stockholm, tsakiyar Nuwamba

Majken, Uwargida,

Ina gaishe ki. Wannan ba za ta bi ta gidan waya ba, na bar ta a hannun Birgit ta ba ki in kin iso.

Kin riga kin ji daga bakinta, asibiti sun ce ciwon yana gudu, sun jawo ranar zuwa jibi. Ta ce kina ajiye waya kika sauka bakin ruwa da jakarki, mai jirgin fito ya ce ko sarki ne ya zo ba zai fita a iskar nan ba, kin kuma gaya masa abin da ba zai maimaitu ba. Na yi dariya har tari ya sarƙe ni. Kada ki ga laifin kanki kan kwale-kwale da bututu. Da ni ne ma haka zan yi.

Don haka yau ni na fara shiga. Birgit ta riga ta kafa makirufo na biyu, na ce ta bar shi a tsaye. Na sa abin ji a kunne, ba kowa a ciki. Na ce, "Uwargida, kin ga hulata?" na tsaya. Na san shiru ne zai biyo baya, amma na tsaya ina jira. Sai Birgit ta ce ta lasifika, "Baba, ci gaba, bakin bushiya ya wuce ka." Majken, ashe haka kika yi ta zama duk shekarun nan? Wuni ɗaya na yi a ciki, da kyar na kai yamma.

Muryar ta riƙe har ƙarshe, ko da yake wajen rufewa Baba Bushiya ya fito a dishe. Birgit ta ce ya ma dace, tunda labarin na shiga dogon barcin da bushiyoyi ke yi da hunturu har bazara ne, su biyu a cikin busasshen ganye. Da na gama ta fito daga bayan gilashi ta miƙo mini kofi da burodin kirfa, muka ci ba wanda ya kalli wani.

Na bar miki guraben. Na ɗan faɗaɗa su, don na san inda kike jan numfashi.

Ki zo lafiya.

Naki har kullum,
Sixten

*

Stockholm, Disamba

Maigida,

Ina gaishe ka da jiki. Mai jinya ta ce an yi aiki lafiya, amma ka rubuta mata a takarda kada a bar kowa ya shigo. Ni ba kowa ba ce. Gobe da rana ina tafe, ka taje gashinka.

Na shiga ta biyu. Da ka ce "Uwargida" a kunnena sai da na dafa bango. Aikin wuni guda ne, ga shi mako ya zagayo ina kansa. Harshena sai sarƙewa yake, in na ɓata layi kuwa dole Birgit ta mayar da kaset baya ka sake faɗin naka. Jiya ta ce, "Inna, ban taɓa ganin kin yi ta kuskure haka ba." Na ce tsufa ne. Ta dube ni ta gilashi, ta mayar, ba ta ƙara tambaya ba.

Saura layi ɗaya. Kai ka ce, "Sai bazara, Uwargida," ni in amsa, a kashe na'ura. Kamfani sun bugo suna tambaya. Yau na buɗe baki ya fi a ƙirga, ban iya ba. In na amsa, ka gama magana ke nan.

Su jira.

Taka,
Majken