Igwar Ranar Asabar

Asabar, 20 ga Satumba, 1947
Wasan farko na ƙwallon Amurka a bana, mun ci. Na ce "mun" kamar da ni aka yi gudun. Mijina Orval ne ya tsallake layin ƙarshe da ƙwallo a hannu, ɗalibai suka harba tsohuwar igwar jami'a kamar yadda suke yi duk sa'ad da aka ci a filinmu. Jaririyarmu Bernice ta tsandara ihu a cinyata. Da muka dawo tirela, ɗan gidan kwanon nan mai taya da muke zaune a ciki, ko kallon abinci bai yi ba, wai gajiya. Ni ma a gajiye nake, amma na cinye nawa na haɗa da rabin nasa.

Talata, 23 ga Satumba
Rufi ya sake yoyo, daidai kan gadon yarinya. Layin tirelolin tsofaffin sojoji duk haka yake, kowace mata da bokitinta. Leland Kuchar, wanda suka yi yaƙin Italiya tare da Orval, yanzu kuma yake buɗe masa hanya a filin wasa, ya ce wakilan manyan kulob za su zo kallo a Nuwamba. In suka ɗauki Orval, sai gida mai bango da banɗaki a ciki. Na yi ta nanata masa har na gaji da muryata. Ya ce, "Na ji, Loretta."

Lahadi, 5 ga Oktoba
Jiya sun buga a waje, ya ci biyu. Ya dawo yana fito, har wankin tsumman Bernice ya yi mini.

Asabar, 11 ga Oktoba
A filinmu. Saura taku ɗaya ya kai layi, ba wanda ya taɓa shi, ya faɗi. Wai ciyawa ce da santsi. Rabonmu da ruwan sama tun makon jiya.

Laraba, 22 ga Oktoba
Kwal ɗin hura wuta ya ƙare, bayana na ciwo. Ba abin rubutawa.

Asabar, 1 ga Nuwamba
Ya sake. Yau kam na zuba masa ido tun daga tsakiyar fili. Da ya kusa layi ba masu binsa ya waiwaya ba, igwar ya kalla, sannan ya yi waje da ƙwallo. Koci Brandvold ya cire shi, ya sa wani ɗan shekara sha takwas wanda ko aski bai fara ba. Na tare Leland a bakin ƙofa na ce ya gaya mini gaskiya. Ya daɗe yana juya hular kwanonsa. Ya ce, "Matarmu, filayen waje ba su da igwa. Ki bar ni haka."

Litinin, 3 ga Nuwamba
Na ɗauki Bernice na je wurin shugaban ɗaliban da ke kula da igwar. Mai ladabi, har kujera ya ba ni. Na ce ko za su yi haƙuri da harbin bana. Ya yi dariya, ba ta raini ba. "Haba Madam, tun zamanin kakana ake harba ta! Ai don girmama irin su maigidanki ne." Ban iya faɗa masa dalili ba, Orval zai gwammace mutuwa da a sani. Na yi godiya na fito. Godiyar me, oho.

Alhamis, 20 ga Nuwamba
Yaron da ya maye gurbinsa ya gurɗe ƙafa, Orval zai buga jibi, wakilan kuma suna nan tafe. Na goge masa takalman wasa da kaina, na sa auduga a aljihun rigarsa na ce ya toshe kunne. Ya ce, "Ba ta kunne take shiga ba." Na ce, "Sau ɗaya tak, Baban Bernice. Dubi rufin nan." Ya dubi rufin.

Asabar, 22 ga Nuwamba
Ya ci. Ya ratsa su kamar an koro shi, ya tsallake layi, aka harba. Ya kife a ƙasa ya rufe ƙeya da hannu biyu. Kafin hayaƙi ya washe Leland ya faɗa kansa, sai sauran tsofaffin sojojin ɗaya bayan ɗaya, suka rufe shi ruf. Jama'a na ta shewa, sun ɗauka murna ce. Ni daga inda nake ƙafarsa kawai nake hangowa, tana karkarwa. Ba su ɗaga shi ba sai da ta daina.

Matar da ke kusa da ni ta rungume ni tana cewa na yi sa'ar miji.

Talata, 25 ga Nuwamba
Hoton tulin 'yan wasan nan ya fito a jarida, maƙwabta sai kawo mini suke yi. Koci ya aiko cewa wani daga cikin wakilan yana son ganin Orval ya ɗan yi gudu ranar Juma'a. An ce a filin kulob ɗinsu bama-baman wasa suke tayarwa in an ci. Orval yana zaune a bakin gado yana jijjiga Bernice, ya ce zai je in ina so. Ya tambaye ni inda takalmansa suke. Na ce ban gan su ba, wataƙila a ɗakin sauya kaya ya bar su.

Na sayo bokiti na biyu, ruwa ya dawo. Takalman suna ƙasan akwatin kwal. Nan ne wurin da ya fi bushewa, shi ke nan.