Yayana Yana Jiran Mabiyin da Ni Na Ƙirƙira

Anti, don Allah ki taimake ni, saura kwana tara asirina ya tonu kuma ba ni da wanda zan faɗa wa. Wannan ne karo na huɗu da nake rubuta miki, sauran ukun gogewa na yi. Idan kin ga zancena yana zuwa yana dawowa ki yi haƙuri, ko a baki haka nake, shi ya sa ban cika magana ba.

Shekarata sha shida. Mu biyu ne a wajen Umma, ni da Yaya, ya girme ni da shekara shida. Abbanmu direban babbar mota ne, sai mu yi wata ba mu sa shi a ido ba. Muna zaune a hawa na uku na wani bene, ɗaki biyu da falo. A makaranta ba ni da ƙawa ta kusa. Ba tsana ta aka yi ba, mantawa ake yi ina wurin. Idan an fita hutu ina zama a aji da littafin soyayya ɓoye a cikin na lissafi.

Yaya wasan sikuta yake yi. Ba babur ba, ƙaramin abin nan mai taya biyu, da allon ƙarfe da ake takawa, da doguwar sanda da ake riƙewa, ana tura shi da ƙafa. Mutane suna ɗauka kayan wasan yara ne, sai sun ga Yaya ya tashi sama ya shure allon ya zagaya sandar ya dawo ƙarƙashin ƙafarsa kafin ya dira. Umma har yau rufe ido take yi, tana cewa duk wanda ya karye kada ya kira sunanta.

Ina shekara sha biyu ya fara sa bidiyo a intanet, kuma ni ce mai ɗauka, da wayar Umma mai tsagaggen gilashi. Ni nake kwanciya rub da ciki a kan siminti don tsallen ya fito da tsayi, ni nake ƙirga faɗuwa. Akwai wasan da sai a karo na sittin da ɗaya ya same shi. A hanyar gida yana ɗingishi ina tura masa sikutar, sai ya ce, "Darakta, yau na yi ƙoƙari ko a kore ni?" Ban taɓa fitowa a bidiyo ba, sai inuwata, ko muryata ina cewa wayyo. Kuma wallahi hakan ya ishe ni.

Sai Allah ya ɗaukaka shi. Mabiya suka yi yawa, wani kamfani mai ƙera kayan sikuta ya ɗauke shi, suka haɗa shi da mai ɗaukar hoto na gaske, wani mai gemu da kyamara uku da jaka kamar zai yi ƙaura. Ba wanda ya ce mini an sallame ni. Wata Asabar ce kawai na sa takalmina na zauna a falo ina jira, Yaya ya fito ya dafa kaina ya ce yau in huta, ya fita. Hutun ke nan har yau, wata goma sha biyar. Yana gidan, amma da ya dawo sai ya rufe ƙofa yana tace bidiyo. Hirarmu ba ta wuce miƙo mini caja.

To ga abin da na yi. Na buɗe shafi da wani suna, babu hoto, na rubuta a ƙasan bidiyonsa cewa ƙafarsa ta hagu tana riga ta dama sauka, shi ya sa yake tangaɗi idan ya dira. Abu ne da na sani tun ina kwanciya a siminti. Cikin mutum kusan dubu biyu da suka yi tsokaci, ni ya amsa wa. Ina wanke-wanke wayar ta yi ƙara, na duba da hannu duk kumfa. Ya ce ina da ido, ya tambaya a ina nake wasa. Ya ɗauka namiji ne, ni kuma ban gyara masa ba.

Kin san mu masu karatun littafi, ƙirƙirar mutum ba ta mana wuya. Kafin wata ɗaya na yi wa mutumin da na ƙirƙira gari mai nisa, da tsohuwar sikuta da aka ɗaure da waya, da uba mai faɗa. Muka koma saƙon sirri. Anti, ashe Yaya yana da magana haka? Shi ya gaya wa mutumin nan cewa gwiwarsa tana ciwo yana ɓoye wa kamfani. Ya gaya masa yana tsoron ranar da masu kallo za su gaji da shi, kuma tun da mai gemu yake duba agogo wasan ya daina yi masa daɗi. Bango ɗaya ne tsakaninmu. Da yamma ina jin tarinsa ta bangon, a hannuna kuma ga alamar yana rubutu. Kullum sai ya tambayi mutumin nan ya yininsa. Ni ban san rabon da wani ya yi mini wannan tambayar ba.

Wata rana na yi ƙarfin hali na tambaye shi ko yana da 'yan'uwa. Ya ce yana da ƙanwa, da tare suke komai, amma yanzu ba ta damu da shi ba, littattafanta sun ishe ta. Na shiga banɗaki na buɗe famfo don kada Umma ta ji.

Ba duka ne ƙarya ba. Tsohuwar sikutarsa tana baranda, idan ya fita Umma kuma tana wajen aiki sai in sauka da ita bayan bene inda ake ajiye motoci. Ina bin duk abin da ya rubuta. Na iya tsallake tsintsiya, yanzu har bulo. Amma na ce masa na iya zagaya allon nan, alhali ko kusa ban yi ba. Murnar da ya yi ce ta sa ban iya janyewa ba.

Yanzu kamfanin zai fitar da sikuta mai ɗauke da sunansa. Shi ya zaɓi faɗin allon da launinsa da irin tayoyin, ga sa hannunsa a ƙasa. A wajen masu wannan wasa babu abin da ya fi wannan, shi yake mafarki tun muna amfani da wayar Umma. An buga wa ɗari na farko lamba. Makon jiya ya yi bidiyo ya ce lamba ɗaya ta mabiyinsa ce, ya faɗi sunan shafin, ya ba da labarin sikutar da aka ɗaure da waya. Mutane suna ta rubuta cewa sun yi hawaye. Kamfani ya ce zai kawo mabiyin ranar ƙaddamarwa, a miƙa masa a gaban kyamara, ya yi wasan da Yaya ya koya masa.

Abin da ya sa na kasa cin abinci tun jiya shi ne sandar. Doguwa take zuwa, sai a yanke wa kowa daidai tsayinsa, ta tsaya tsakanin ƙugu da cibiya, kuma idan an yanke shi ke nan. Yaya ya tambayi mutumin nan tsayinsa, ni kuma ban yi tunani ba na rubuta nawa. Jiya sai ga shi a falo da zarto da tef ɗin awo, ya ce, "Darakta, tashi tsaye, tsayinku ɗaya da mutumina." Ya jingina sandar a jikina ya yi alama, ya sa na riƙe masa yana yankawa, Umma tana ta faɗa za mu cika mata kafet da garin ƙarfe. Na ƙi haɗa ido da shi, ya ce ni kullum kamar an kama ni da sata. Da ya gama ya tambaye ni ko a ganina mutumin zai so launin. Na ce zai so.

Na yi tunanin in goge shafin in ɓace. Na yi tunanin in rubuta cewa mutumin ya rasu, Allah ya yafe mini, a littafi ana yi. Na yi tunanin in roƙi wani a ajinmu ya je a madadina. Wani lokacin kuma ina rufe ido in ga ranar: an kira sunan, kowa ya yi tsit, sai in fito daga cikin mutane, Yaya ya saki sikutar ya rungume ni. Amma na ga yadda aka yi wa wani mai bidiyo da aka kama ya shirya labarin tausayi, mabiya suka watse, kamfaninsa ya sake shi. Idan aka ji mabiyin nan ƙanwarsa ce da suke gida ɗaya, wa zai yarda bai sani ba?

Anti, ko dai ya gane ni ce? Idan na faɗa ya tsane ni fa? Yanzu ko ba komai ina da shi a waya.

'Yar hawa na uku


'Yata,

Wasiƙarki ta taɓa ni, amma lokaci ba ya hannunki, don haka bari in fara da abin yi. Ki gaya wa yayanki yau ko gobe. Kowace rana da ta wuce kamfanin yana ƙara shiri, shi kuma yana ƙara maganar mabiyin nan a gaban jama'a. Ramin da kika haƙa ba ke kaɗai ce a bakinsa ba, sana'arsa ma tana wurin, kuma ita sana'ar bidiyo yardar mutane ce jarinta.

Hanyoyin nan naki huɗu duk ki ajiye su. Idan kin goge shafin, kin bar shi yana yi wa duniya bayanin mutumin da ba zai iya nunawa ba. Labarin mutuwa zai sa shi makokin wanda bai taɓa rayuwa ba, ranar da ya gano kuwa ban san yadda za ki kalle shi ba. Ɗan aji zai tona kansa da tambaya biyu. Fitowa daga cikin taro kuma ki bar wa marubuta. Su da an rungumi juna suke rufe littafi, ku kuwa washegari za ku haɗu a falo.

Na san baki yana miki nauyi. Ki ƙwanƙwasa ƙofarsa lokacin da babu baƙo, ki buɗe saƙonnin ki miƙa masa wayar, ki ce ni ce, ka yafe mini. Ya isa. Idan kina jin ƙafarki ba za ta kai ki ba, ki fara gaya wa Ummanku, ta zauna kusa. Ko ya gane ke ce? Mai yiwuwa, mai yiwuwa kuma tsayi ne kawai ya zo ɗaya. Kada ki jingina da wannan.

Ki shirya wa fushinsa. Ba sikutar za ta fi ƙona masa rai ba, kunya ce, don ya buɗe cikinsa ga wanda ya ɗauka baƙo ne. Wata da watanni kina karɓar sirrinsa da fuskar aro, wannan laifi ne, kada ki rage masa nauyi. Ki yi masa alkawarin abin da ya faɗa ba zai fita daga bakinki ba, sai dai maganar gwiwa, ki matsa masa ya ga likita. Idan ya yi kwana uku bai kula ki ba, ki daure. Yadda zai yi da kamfani da mabiya shawararsa ce, ke dai kada ki yarda a rufe wannan ƙaryar da wata, kuma ba dole ba ne ki tsaya gaban kyamara idan ba kya so. Gaskiyar da ya faɗa da bakinsa kafin ranar ta fi wadda za a bankaɗo bayanta sauƙi nesa ba kusa ba. Sikutar ma kada ki sa rai da ita.

Shi ma yana da nasa. Wadda ta yi shekara uku tana kwanciya a siminti saboda shi ta wuce a ce mata yau ki huta, a wuce. Ki gaya masa hakan ya yi miki ciwo, amma ba a ranar ba, kada ya zama kamar kina kare kanki. Idan ƙura ta lafa ki faɗa, sannan ki nemi abu ƙarami da zai iya cikawa, ko awa ɗaya ce a mako ku fita tare. Ki lura da amsar da ya ba ki game da ƙanwarsa. Ke kina ganin ya yar da ke, shi yana ganin kin juya masa baya, kowa ya yi shiru yana jiran ɗaya. Wanda bai damu ba ba ya faɗin abin da ya faɗa.

Abu biyu kafin in rufe. Tsallake bulo ke kaɗai a bayan bene ba wanda ya sani, ki daina shi daga yau, sai da sanin Umma da hular kwano a kanki. Sannan bai kamata duk hirarki ta duniya ta rataya a kan mutum ɗaya ba, ko da yayanki ne. A ajinku akwai wata mai ɓoye littafi kamar ke, ban taɓa jin ajin da babu ba. Ki ara mata ɗaya, ki tambaye ta wa ta fi jin haushi a ciki.

Ba zan ce miki komai zai koma kamar da ba, ban sani ba. Abin da na sani shi ne idon da ya yaba naki ne, kuma hirar da ta riƙe shi wata da watanni ke kika yi ta. Allah ya sanyaya zuciyarsa, ya kare masa sana'arsa, ke kuma ya ba ki ƙarfin halin minti biyar ɗin farko, don su ne masu wuya.

Antinki